Yadda Baffana Ya Ɗinke Littafin Masta

Ni dai littattafai uku na rubuta da Hausa, kuma in aka tattara waɗanda suka karanta su har ƙarshe ba za su cika motar haya ɗaya ba, ko da an ba matata gidan gaba. Ba kuka nake yi ba. Na faɗa ne don a san na san wahalar rubutu, saboda haka na san girman abin da na yi wa mutumin da zan ba da labarinsa. Marubuci ne na gaske, Ba'indiye, da ya zauna da mu a Tudun Wada shekara huɗu. A gabana ya rubuta littafinsa na farko, a hannuna ya bar shi amana, kuma a hannuna littafin ya salwanta.

A zamanin da gwamnati ke kwaso malamai daga Indiya tana rarraba wa makarantun sakandare, mu ma aka jefo mana namu. Ni ina sabon malamin Hausa, shi yana koyar da lissafi, katanga ɗaya ce tsakanin gidana da nasa. Masta kowa ke ce masa, har shugaban makaranta. Gajere ne, siriri, mai ƙananan idanu, ko kusa bai yi kama da Indiyawan da muke gani a silima ba, wannan kuwa shi ne laifinsa na farko a wurin mutanen gari. An zuba ido a ga mai gashi har kafaɗa yana waƙa a gindin bishiya, sai ga wani bawan Allah da lema a hammata yana tambayar ranar da ake kawo kifin Tiga kasuwa.

Laifinsa na biyu ya fi girma. Samari suka riƙa ɗauko kaset suna zuwa ya fassara musu waƙoƙi, shi kuwa ya ce kaɗan-kaɗan yake ji, wannan ba harshensu ba ne. Ya ce shi mutumin Asam ne, wata jiha can ƙuryar gabas inda ake noman ganyen shayi da shinkafa, harshensu daban, rubutunsu daban. Wa zai yarda? Ba'indiye ya ce bai iya Indiyanci ba! Aka ce rowa ce kawai. Daga nan aka ƙara da cewa wanda ya iya ɓoye harshensa, to akwai sauran abin da yake ɓoyewa. Dama can mutanenmu sun riga sun yanke hukunci cewa duk duniya ba masu asiri kamar Indiyawa, ban san a wace kotu aka yi zaman ba. Aka fara tattara shaida. Gidan da aka ba shi ya yi suna da macizai, amma ko sau ɗaya ba a sare shi ba. Kabewar da ya shuka a bayan gida ta fi ta kowa girma. Ba wanda ya lura cewa mutumin nan kullum cikin share ciyawa da ban ruwa yake, mu kuwa muna kan tabarma muna kallonsa.

Abin da ya cika shaidar shi ne rubutun. Kullum bayan la'asar zai fito baranda da kofin shayi da littafin rubutu irin na ɗalibai, ya duƙufa har rana ta yi ja. Baƙaƙen nasu a rataye suke a jikin layi kamar shanya a igiya. Duk wanda ya zo wucewa sai ya rage sauri, ya saci kallo, ya yi gaba yana gyaɗa kai.

Ni da nake zama kusa da shi na san abin da yake yi. Labari yake rubutawa, dogon labari, na ƙauyen da aka haife shi a bakin wani babban kogi. Ya ce kogin nasu ba irin namu ba ne da ake tsallakewa da wando a naɗe. Duk damina sai ya gutsiri gaɓa ya tafi da ita, bana gonar wane, baɗi ɗakin wance, har ya cinye ƙauyen ƙaf, mutanen suka watse. Ya ce in bai rubuta su ba, gida-gida, da sunayensu da faɗace-faɗacensu da irin miyar da suke yi, nan gaba ba wanda zai san an taɓa yin su. Yakan karanta min shafi da harshensu, sannan ya juya min da Turanci haɗe da 'yar Hausar da ya tsinta. Shi ne ma ya fara zuga ni. Ya ga ina ta fama da wasu waƙoƙin Turanci marasa kai da gindi, ya ce, "Malam, da wane harshe mahaifiyarka take yi maka faɗa?" Na ce da Hausa. Ya ce, "To da shi za ka yi rubutu." Duk wanda littattafaina suka gundura, ga wanda ya jawo masa.

Littafin rubutu biyar ya cika. Yana cikin gyaran na biyar ɗin ne, wata ranar Talata yana aji, aka kawo talgiram cewa mahaifiyarsa na kwance rai a hannun Allah. Daga ajin ya wuce ofis ya karɓi fasfo, motar makaranta na jira za ta kai shi Kano. Ko gida bai leƙa ba. Ya miƙo min makulli ta tagar mota, ya ce, "Malam, littafina. Kada gara, kada ruwa. Sati shida zan dawo."

Bai dawo ba. Tsohuwar ta rasu, kafin ya gama makoki kuma aka daina sabunta wa baƙin malamai kwantiragi. Aka ba wani malamin gidan nasa. Na haɗa littattafan biyar a akwatin ƙarfe, na barbaɗa maganin gara, na ɗauka zuwa gidanmu a garin Ƙofa, na ajiye a zauren Baffa.

Baffa ƙanin mahaifina ne, shi ya riƙe ni tun ina shekara shida da mahaifina ya rasu. Baduku ne, yana ɗinka takalma da jaka da kube, amma an fi saninsa da ɗinkin laya: malamai su rubuta, a kawo masa ya naɗe, ya ɗinke da jar fata. Mutumin kirki ne wanda bakinsa bai iya cewa a'a ba, kuma bai taɓa jin labarin wani abu da zai kwana a gidansa ya fi ƙarfin hannunsa ba. Ni da kaina na rataye makullin akwatin a ƙusa a cikin zauren, wai don kada in yar da shi.

Wasiƙar Masta ta zo, ya ce in aiko masa da littattafan ta gidan waya. Sai wayo ya motsa min. Na ce abu guda ɗaya tak a duniya, in miƙa wa gidan waya ya bi teku da shi? In ya ɓata fa? Na rubuta masa cewa ya yi haƙuri har in samu amintaccen matafiyi. Wallahi da zuciya ɗaya na yi. Ana haka aka yi min canjin wurin aiki zuwa Doguwa, damina ta sauka, hanya ta lalace, na yi wata huɗu ban leƙa gida ba.

Abin da ya faru a wata huɗun nan, daga baya na tsinto shi a bakin mutane. Wani ɗan garinmu mai haƙar kuza a Riruwai ya zo ganin gida, ya biya zauren Baffa gyaran takalmi. Da zai tafi ya roƙi 'yar kanwa ta haɗa taba. Baffa ya duba bai ga abin ƙullewa ba, ga makulli a ƙusa. Ya buɗe akwati, ya yagi shafi ɗaya, ya ƙulle masa. Sati bai cika ba rami ya rufta da su, su uku. Biyu aka fito da su da karaya, shi kuwa ko ƙwarzane. Yana kakkaɓe jiki ya sa hannu a aljihu, ya ci karo da takardar nan mai rubutun Indiya. Shi ke nan, magana ta ƙare. Ba wanda ya tambayi a wane gefen ramin yake tsaye lokacin da ƙasar ta zubo.

Kafin wata ya zagayo masu haƙa sun fara sallama a zauren Baffa. Bayansu direbobin da ke ratsa dajin Falgore, sai mafarauta, sai mazan da matansu ke shan wuyar haihuwa, sai wani ɗan dambe daga Kiru da ya ce shi shafi biyu yake so. Mutane da kansu suka tsara ilimin abin, ba tare da sun iya karanta harafi ɗaya ba. Wai littafi na ɗaya na rami ne, na biyu na hanya. Wai shafin da Masta ya soke layi ya sake rubutawa a sama ya fi ƙarfi, don an ɗaure an sake ɗaurewa. Da Baffa ya ga jama'a na ƙaruwa takarda na raguwa, sai ya koma yanka kowane shafi gida huɗu, don kowa ya samu.

Limamin unguwarmu, Allah ya jiƙansa, ya yi iya yinsa. Ya tsaya bayan sallah ya ce, jama'a ku ji tsoron Allah, ta yaya Musulmi zai rataya abin da bai san me aka rubuta a ciki ba? Wa ya sani ko zagi ne? Gaskiya ya faɗa tsantsa. Amma abin da mutane suka ɗauka suka tafi da shi gida shi ne, abin nan fa har Liman ya tsorata da shi. Washegari masu jira sun kai bakin rijiyar unguwa.

Ni kuwa ina can Doguwa ina koyar da yara auna waƙa. Wata Juma'a hanya ta ɗan bushe, na samu motar masara mai zuwa Kano, na zauna kusa da direba. Muna shiga daji ya ga ina ta waige-waige, ya ce, "Malam, kwantar da hankalinka, motar nan a ɗaure take." Ya nuna min laya tana reto a jikin madubi, sabuwa fil, jar fata, ɗinkin da ko a mafarki na gani na san na Baffa ne. Ya ce ta Indiya ce, daga Ƙofa, ya ma karɓo wa ƙaninsa wata da ba a kai ga ɗinkewa ba. Ya zaro daga aljihu ya warware min. Rubutun Masta ne, da shuɗiyar tawadarsa, layi shida, kowane layi an datse shi a tsakiya. Har muka fita daga daji idona na kan takardar, direban kuwa ya ɗauka kwarjinin layar ne ya kama ni.

To ga wurin da nake so a ji da kyau, don nan laifina yake, ba na Baffa ba. Na iso na tarar da zauren cike da dattawa ana hira. Littafi ɗaya da rabi ya rage, ga su nan gefen gwiwar Baffa, ya danne da basilla. Tsakanina da su bai fi kamu biyu ba. Na cire takalmi, na durƙusa, na gaida kowa ɗaya bayan ɗaya. Aka tambaye ni hanya, aka tambaye ni ruwa a Doguwa, aka tambaye ni yadda masara ta yi. Sai da aka gama duk wannan na sunkuyar da kai na ce, "Baffa, dama takardun nan na baƙon nan ne, amana ce. Kuma labari ne kawai ya rubuta, ba wani abu ba."

Dattawan suka kalli juna suna murmushi. Ɗaya ya ce, "Ai dole ka ce haka."

Baffa ya ce, "Ni fa ban taɓa ce wa kowa magani ba ne. Sun ce in ɗinke, ni kuwa ɗinki ne sana'ata. Mutum ya taso tun daga Riruwai, in ce masa me?" Ya ja zare ya gatsa, sannan ya ce, "Amma to, na ji."

Abin da ya kamata in yi a fili yake: in miƙa hannu in ɗauki littattafan in fita. Amma in miƙa hannu a gaban dattawa in ɗauke abu daga gefen gwiwar mutumin da ya riƙe ni? Mutumin da a cikin watan nan zai je nema min aure? Kafin magariba gari ya ɗauka cewa boko ya cire min tarbiyya. Na ce a raina bari zaure ya watse. Da ya watse, Baffa ya tattara kayan aikinsa har da littattafan ya shige cikin gida. Washegari kunya ta ƙara nauyi, tunda ya riga ya ce ya ji, in sake tayar da maganar kamar na ce masa ban yarda da shi ba ne. Haka na koma Doguwa hannu wofi. Bayan sati biyu na dawo na tarar da bango biyar a akwati, babu ko shafi ɗaya. Bangwayen ma ya fara yanka su yana sa wa takalma a ciki don su yi ƙwari.

A satin na rubuta wa Masta cewa littafinsa yana nan lafiya lau, ba gara, ba ruwa.

Shekara goma sha wani abu muna musayar wasiƙu, daga cikinsu na san yadda rayuwarsa ta tafi. Ya samu koyarwa a wata kwaleji a jiharsu, ya yi aure, ya ci gaba da rubutu. Ya yi littafi kan ma'aikatan gonar shayi, ya yi wani kan malamin lissafi a baƙuwar ƙasa, ya ce ina ciki, ni ne maƙwabcin kirki mai riƙon amana. Ranar da na karanta wannan wasiƙar ban iya cin tuwo ba. Sunansa ya fito a wurin masu jin harshensu, ana karanta shi a makarantu, ana gayyatarsa taro. Ya aiko min da hoto an yafa masa wani farin ƙyalle mai jan baki a kafaɗa, ya ce haka suke karrama mutum. Duk littafin da ya buga sai ya aiko min da ɗaya, ni da ban iya karanta ko sunansa a bango ba. Su kam a rufin ɗakina na Doguwa na ɓoye su, ban bari ko labarinsu ya je Ƙofa ba.

Amma kowace wasiƙa da abu ɗaya take ƙarewa. Ya ce sau uku yana zama ya sake rubuta labarin ƙauyensu, abin ya ƙi, sunaye sun fara kuɓuce masa, muryoyin mutanen ba sa zuwa. Ya ce duk abin da ya rubuta daga baya bai kai wannan ba. Ni kuwa na zama gwanin uzuri. Na ce matafiyin ya fasa. Na ce ana ruwa. Na ce makulli ya ɓata ana neman maƙeri. In da an haɗa ƙarairayin da na yi wa mutumin nan an buga, da sun fi littattafaina uku daɗin karatu. Daga ƙarshe uzuri ya ƙare min, sai na daina ba da amsa. Ya aiko wasiƙa huɗu a jere, na karanta na ajiye. Ni na yanke zumuncin, saboda tsoro da kunya, ba don ya yi min komai ba.

Bara, ina zaune a ƙofar gida na yi ritaya ina faɗa da jikoki kan cajar waya, sai ga kira daga wata baƙuwar lamba. Mace ce, da Turanci. Ta ce ita 'yar Masta ce, ta samu lambata ta hannun wani tsohon ɗalibinmu. Ta ce mahaifinta ya haura tamanin, mantuwa ta fara cinsa, wani lokaci ita kanta sai ya tambayi wace ce. Amma da safe kansa kan washe, kuma duk safiyar duniya maganarsa ɗaya: littattafai biyar da ya bari a Najeriya wurin Malam. Ta ce, "Don Allah, suna nan?"

Na buɗe baki zan ce ana ruwa. Wallahi sai da ya zo kan harshena. Sai na ji na gaji. Na faɗa mata komai, da ramin kuza, da basilla, da zauren dattawa. Sai ta ce, "To babu abin da ya rage ko kaɗan?" Na ce ban sani ba, amma zan duba.

Haka na shiga yawon neman littafin Masta a damatsan mutane da ƙugunsu. Baffa ya daɗe da rasuwa, ba wanda zan tambaya wa da wa aka ba. Na fara daga Ƙofa, gida-gida, tsoho da sanda yana sallama yana cewa ko akwai layar Indiya ta da. Wasu suka ce 'ya'yansu sun yi karatu sun ƙone duk layun gidan, na ce madalla, Allah ya ƙara ilimi, ina tafe ina cizon yatsa. Wasu suka ɗauko, muka farke, gumin shekara arba'in ya mai da takardar kamar tuwo. A Bebeji wani tsohon direba ya ba ni tasa da sharaɗin in faɗa masa gaskiyar abin da ke ciki. Na ce labari ne na wani ƙauye. Ya ce, "Har yanzu ba za ku faɗa ba ke nan."

Abin da ya fi ba ni haushi na jabu ne. Ashe da na Baffa suka ƙare, wasu dukawan ba su zauna ba. Na farke layu sun fi ashirin na tarar da zane-zanen banza, an ja layi an rataya masa ƙugiyoyi. Ɗaya ma takardar jarrabawar lissafi ce a ciki. Kai! Mutum bai buga littafi ba, har an yi masa na jabu a ƙananan hukumomi huɗu. Ni nawa suna nan jibge a shago, ba wanda ya taɓa damuwa ya kwaikwaya.

A Kiru na samu wata tsohuwa da mijinta ya karɓo mata lokacin cikin ɗanta na fari. Ta ce ko sama za ta faɗo ba za ta rabu da ita ba. Sau uku ina komawa. A na ukun ta yarda a farke a gabanta, in ɗauki hoto da waya, a mayar a ɗinke, ita kuma tana riƙe da gefen fatar har aka gama. A Riruwai na tarar mai kanwar nan ya rasu, amma ɗansa ya ajiye takardar a cikin gwangwani. Ita kaɗai ce cikakken shafi. Bayan wata uku, abin da na haɗa mai karantuwa guda tara ne. Littafi biyar, guda tara. Na tura wa 'yar hotunan, muka sa rana.

Safiyarsu asubahinmu ce, don haka ina idar da sallah na zauna a tabarma na jingina wayar da buta. Fuskarsa ta fito. Ya ƙanƙance, gashi fari fat, amma idanun nan na nan. Ya daɗe yana kallona, sannan ya ce da Hausa, "Malam, ina gajiya?" Na ce ba gajiya, hawaye na zubo min. Ban bari ya ƙara magana ba, na ce, "Masta, na ci amanarka, kuma na yi maka ƙarya shekara da shekaru." Na ba shi labarin tun daga farko, 'yar na taya ni da harshensu inda ya ɓace.

Da na gama ya ce, "Sun rataya a jiki?" Na ce sun rataya. Ya ce, "Direbobi?" Na ce har da ɗan dambe. Sai ya fashe da dariya, yana yi yana tari, 'yar na bubbuga masa baya. Ya ce a can ƙasarsu sai an roƙi mutane kafin su ɗauki littafi su buɗe. Na ɗan ji sanyi a raina, na ce ko abin zai zo da sauƙi.

Sai ta ɗauko hotunan a babbar waya, ta sa masa tabarau, ya fara karantawa a fili da harshensu. Dariyar ta tsaya. A guntu na biyu ya ɗora yatsa ya ce wannan mai kwalekwalen ƙauyensu ne, gurgu, ya manta da shi sam, ashe an yi shi. A na huɗu ya ci karo da sunan wata maƙwabciyarsu mai faɗa da kowa kan agwagi. Yana karantawa yana kiran sunayen sau biyu-biyu, yana ce wa 'yar ta rubuta kada su sake gudu. Duk inda wuƙar Baffa ta datse layi sai ya tsaya, ya jira, kamar sauran zai fito.

Na taran shi ne na tsohuwar Kiru. Ya karanta a hankali, sannan ya juya min da Turanci kamar yadda ya saba. Safiyar da zai bar ƙauye ya tafi birni karatu ce. Ruwa ya riga ya ci bayan gidansu. Mahaifiyarsa na bakin gaɓa tana wanke shinkafa, ya yi mata sallama ya juya, har ya yi nisa ta kira shi ya dawo. Ta kama wuyan hannunsa da jiƙaƙƙen hannunta, ta ce masa. Nan takardar ta ƙare.

Ya ce, "Sai na gaba."

'Yar ta yi masa magana ƙasa-ƙasa. Ya girgiza kai, ya dube ni ya ce, "Malam, na gaba."

Na ce, "Babu na gaba, Masta. Shi ke nan abin da na samu."

Ya sake duban hoton, ya sa yatsa yana ture shi gefe ko wani zai fito. Ya ce, "Me ta ce? Na rubuta shi. Na san na rubuta." Leɓensa na ta motsi. Can sai fuskarsa ta ɗan washe, ya ce, "Ai na karanta maka wannan wurin a baranda. Kai ka tuna. Me ta ce min?"

Na lalubi kaina ko'ina. Na tuna barandar, na tuna kofin shayinsa mai tsagaggen baki, na tuna yana karatu ina korar sauro. Abin da tsohuwar ta faɗa kuwa babu shi. Kuma ni marubuci ne, ko ba komai, cikin daƙiƙa ɗaya zan iya ƙirƙiro masa magana mai daɗi irin ta uwa, ya karɓa ya yarda, 'yar ta rubuta. Har na shirya ta a bakina. Ga shi yana kallona yana jira.

Na ce, "Ban tuna ba, Masta."

Ya ce, "To." Ya cire tabarau ya miƙa wa 'yarsa.